Ranar da Zenroku Ya Ba Majigi Baya

Shekara ashirin Zenroku ya yi yana tsaron takalma a ƙofar gidan majigin garinmu, tun gidan yana na 'yan wasan kwaikwayo kafin inji ya zo ya kore su, amma bai taɓa kallon fim ko guda ɗaya ba. Ina zai samu dama? In ka zo, ka cire takalmanka na katako, ya karɓa ya jera a kanta, ya miƙa maka ɗan katako mai lamba, ka shiga ka zauna a tabarma. Shi kuwa yana waje a kan benci, bayansa jingine da bango. Ta wannan bango yake jin komai: molo da ganga, ƙarar inji, da muryar Shofu, benshin gidan, mutumin da ke tsayawa gefen farin ƙyallen yana yi wa hotuna baki tunda su ba sa magana.

Abin da kunne ya ji shekara da shekaru kuwa ya zauna masa a ka, daga nan kuma ya sauko baki. Babu yammacin da ba ya cika gidan wanka da cika baki.

"Shofu? Ai sai ya leƙa ƙyalle kafin ya san abin da zai ce," in ji shi, yana cikin ruwan zafi har wuya. "Ni kuwa ido a rufe zan yi muku kukan uwa, da tarin ɗa, da dariyar mugu."

"Ido a rufe dai kam, Yaya, tunda ba ka taɓa buɗe shi a ciki ba," in ji Tamezo.

Tamezo ƙanin matarsa ne, mai tallan awara. Kullum da sassafe yana saɓe da sanda a kafaɗa, bokiti biyu na reto, yana zaga gari har gwiwoyinsa suka fara ƙara kamar tsohuwar ƙofa. Ba abin da yake sha'awa a duniya irin bencin nan na Zenroku, kuma bai taɓa ɓoyewa ba.

Ana saura kwana biyu bikin girbi, Shofu ya tattara kayansa ya hau jirgin safe, wani babban gida a birni ya yi masa tayi. Ko sallama bai tsaya yi ba, kwat ɗinsa ma a rataye ya bar ta. Hikobe mai gidan majigin ya fito ƙofa ya dafe kai. Ranar biki ce ranar da gidan ke cika maƙil, kuma kowace shekara fim ɗaya ake nunawa, na uwar da ta sayar da gashinta don ta saya wa ɗanta magani. Mutanen garinmu ba sa gajiya da shi, har daga ƙauyuka ake zuwa musamman don a yi kuka.

Zenroku ya miƙe daga benci, ya gyara ɗamara.

"Maigida, me ya yi zafi? Ai ga ni."

"Na gan ka. Zauna."

"Fim ɗin gashin nan sau arba'in da biyu na ji shi. Har inda Shofu ke haɗiye yawu na sani."

Ya buɗe baki a nan bakin titi ya saki muryar uwar, siririya mai rawa. Gaskiya dai a faɗe ta, ya iya. Mai sayar da gawayi ya tsaya, mata biyu da suka fito daga kasuwa suka tsaya, Tamezo ma ya sauke bokitansa. Hikobe ya daɗe yana shafa haɓa.

"In ka hau dandamali, wa zai riƙe mini ƙofa?"

"Ni mana," in ji Tamezo, tun kafin a rufe baki.

"In kuma ka kunyata ni fa a gaban gari?"

A nan ne mai hankali zai yi shiru. Zenroku ya dubi jama'ar da ta taru, ya ji kansa ya yi girma.

"In na kunyata ka, ƙofar ta zama ta Tamezo har abada. Ni kuma in ɗauki sandar awararsa in zaga gari. In na yi nasara, kwat ɗin Shofu tawa ce."

"Ku shaida," in ji Tamezo, hannuwansa har sun riga sun tashi sama.

Aka tafa hannu tare, yadda ake yi in an rufe ciniki, mai gawayi ma ya tafa da baƙaƙen hannuwansa. A garinmu abin da aka tafa a kai ba ya warwaruwa.

Labari ya riga shi isa gida. Ya tarar da matarsa Otane tana tsaye da ludayi a hannu.

"Shekararka hamsin da huɗu," ta ce. "Bayanka in ka sunkuya sai na taimaka maka ka miƙe. Kai ne za ka ɗauki bokiti biyu?"

"Wa ya ce zan ɗauka? Ke dai shirya zama matar benshi. Shofu har mata suna jefa masa furanni."

"Kai ma za a jefe ka. Ban dai san da me ba." Ta ajiye ludayin, muryarta ta sauka. "Ka je ka roƙi Isokichi mai murza inji ya nuna maka fim ko sau ɗaya. Bencin nan shi ke ciyar da mu."

"Kallo na masu koyo ne."

Kwana biyun nan Zenroku bai huta ba, unguwa ma ba ta huta ba. Ya ji an ce manyan benshi ɗanyen ƙwai suke sha, ya shanye na gidan, ya shiga maƙwabta. Ya tafi bakin kogi yana gwada kuka, har masunta suka taho da kwale-kwale a guje suna tambaya wa ya faɗa ruwa. Ya sa aka rubuta sunansa a tutar ƙofa da manyan baƙaƙe, sai da aka rasa inda za a sa sunan fim ɗin. Ranar biki kuma ya tashi ya naɗe wuya da ƙyalle, ya sanar da hannu cewa ba zai yi magana da kowa ba, kuma ba zai saurari kowa ba, sai ya hau dandamali.

To, jirgin da ke kawo fim ya makara. Gwangwanayen fim ɗin ba su iso ba sai da rana ta take, mutane har sun fara layi. Tsoho Isokichi mai murza inji ya buɗe na farko, ya kanga zaren fim ɗin a haske, ya matso da shi har hanci, don idonsa ba ya ganin nesa. Sai ga shi ya fito da sauri yana jan ƙafa. Hikobe yana can yana rigima da masu kiɗa, don haka ya nufi Zenroku, wanda ke gaban madubi cikin kwat ɗin Shofu, hannayenta sun rufe masa yatsu.

"Zenroku, akwai magana. Fim ɗin da suka aiko..."

Zenroku ya ɗora yatsa a leɓe.

"Ba na gashin ba ne. Sun yi kuskure, na Turawa ne."

Zenroku ya toshe kunnuwa da tafin hannu, ya lumshe ido.

Isokichi ya ɗaga murya. "Akwai takarda a ciki. An ce a naɗi na biyu akwai wurin da mace da namiji ke haɗa baki. In an zo wurin ka kaɗa ƙararrawa sau uku in rufe gilashin da hannu. Ni daga ɗakina inuwa kawai nake gani. Sau ɗaya in ƙara sauri, sau biyu in rage, sau uku in rufe. Ka ji?"

Zenroku ya ga bakin tsohon yana motsi, ya gyaɗa masa kai irin na manya, ya kore shi da bayan hannu. Isokichi ya ɗauka an fahimta, ya koma ɗakinsa na kwano.

Gida ya cika har ba wurin miƙe ƙafa. Maza a gefe, mata a gefe, ɗan sanda a kan doguwar kujerarsa can baya, takobi a tsakanin gwiwoyi, yana lura kada a nuna abin da bai kamata ba. A sahun gaba tsohuwa Oshige ta zauna, wadda ba ta taɓa fashin fim ɗin gashi ba, ta jera hankici uku a cinya.

Benshi yakan fito ya yi ɗan jawabi kafin a rufe tagogi. Shofu minti biyar yake yi. Zenroku ya fara da gaisuwa, ya gangara tarihin kakansa, ya bi ta kan yadda tun yana goye aka ga alamar baiwa a kukansa.

"Mun zo kallo ne, ba ta'aziyya ba," wani ya ce daga baya.

"Ka yi haƙuri, Sadakichi, na san ka," in ji Zenroku. "Mutumin da takalminsa na hagu ya fi na dama cinyewa ba shi da haƙuri dama."

Aka yi dariya, shi kuma ya ɗauka tasa ce. Ya sanar da cewa yau za su ga abin da ko a birni ba a taɓa gani ba, benshin da ba ya duban ƙyalle. Ya juya wa ƙyallen baya sosai, ya fuskanci jama'a, ya ba da izini a rufe tagogi. Inji ya fara ƙara, mai molo ya saki kiɗan baƙin ciki kamar yadda ya saba.

A kan ƙyalle wani ƙaton Bature ya bayyana, da tumbi, da gashin baki kamar tsintsiya, da doguwar hula.

"Wayyo ni, matar da miji ya mutu ya bari," in ji Zenroku da siririyar murya. "Kwana uku ban sa komai a cikina ba."

Mutane suka dubi tumbin, suka dubi juna. Amma a finafinanmu dama maza ne ke fitowa a matsayin mata, don haka ba wanda ya yi gaggawar ƙorafi.

"Ɗan wasan bana ko gashin baki bai aske ba," wata ta raɗa wa ta kusa da ita.

"Kayan Turawa kuma ya sa mata. Zamani ke nan."

"Ba ni da abin sayarwa," Zenroku ya ci gaba, hannu a ƙirji, "sai wannan gashi nawa. Ɗana, ga shi na sayar dominka."

Daidai nan Baturen ya cire hula don ya gaida wata mata, sai ga kai tal, ko sili babu, yana ƙyalli. Tsohuwa Oshige ta rushe da kuka.

"Bana tas suka aske ta," ta ce, ta ɗauki hankici na farko. "Marasa tausayi."

Gefen mata ya ɗauki sheshsheƙa. Zenroku ya ji, ya lumshe ido don daɗi, ya nemi fuskar Otane a duhu don ta shaida. Da a nan fim ɗin ya ƙare, da yau wani labari muke bayarwa.

"Ga ɗan nan a kwance," ya ce, "ko yatsa ba ya iya ɗagawa. Numfashinsa saura kaɗan."

Wani saurayin Bature ya shigo a kan keke a guje, ya tsallake shinge, agwagwa tana bin sa.

"Maganin ya yi aiki," in ji Sadakichi.

"Inna, ƙafafuna sun yi sanyi," in ji Zenroku, yana tari mai ban tausayi. Saurayin ya haye bishiya. "Ki riƙe hannuna, Inna." Mai tumbin ya ɗauki tsintsiya ya shiga zungurar sa daga ƙasa.

Gefen maza ya fashe da dariya. Gefen mata ya yi ta maza na ɗan lokaci, shi ma ya bi. Mai molo ya rasa na yi, ya bar kiɗan makoki ya koma na rawa, mai ganga ya tsaya a kan na makoki. Oshige kaɗai ta riƙe amana, tana kuka tana cewa ciwo ne ya taɓa wa yaron kai. Hikobe yana gefen dandamali yana ta nuna ƙyalle da hannu biyu, Zenroku ya ɗauka jinjina ce, ya ɗan rusuna masa.

Otane ce ta rarrafo ta tsakanin mutane har gindin dandamali, ta ja ƙafar wandonsa.

"Juya," ta ce. "Don girman iyayenka, juya."

Ya juya.

Wannan ne karo na farko da ya ga abin da idonsa, mutane manya-manya suna yawo a kan ƙyalle, ga shi babu uwa, babu ɗa, babu gashi. Har yanzu da gyara, don Shofu da kansa ya sha tarar da fim ɗin da bai sani ba, ya ƙaga masa labari nan take. Zenroku ya haɗiye yawu, ya buɗe baki zai ƙaga nasa. Sai saurayin ya diro daga bishiya, ya taka cikin taɓo, ya tura ƙofar wani gida ya shige.

Da takalmansa.

"Kai," in ji Zenroku, da muryarsa ta ƙofa, ba ta benshi ba. "Kai, tsaya. Ina za ka da su?"

Saurayin ya taka shimfiɗar tsakar ɗaki, ya bar sawu. Mai tumbin ya biyo shi, shi ma da nasa. Wata kuyanga ta wuce su da tire, ba ta ce uffan ba.

"Jama'a, kuna gani? Gidan nan ba mai tsaron ƙofa ne? Ke mai tire, ba ki da baki? Dubi taɓo. Wa zai goge?"

"Ka karɓa ka ba su lamba," in ji Sadakichi.

"Da a ƙofata ne ai ko gwamna bai isa ba." Saurayin ya haura bene, ya faɗa kan gado don ya ɓuya, ya ja bargo, takalman suna leƙowa ta ƙasa. Zenroku ya dafe ƙirji. "A kan shimfiɗar barci. Wannan ba uwa ce ta raine shi ba."

"Ai ta sayar da gashinta a kansa," Oshige ta ce cikin kuka. "Ga sakayyar da ya yi mata."

Daga nan labari ya tafi, sai takalma. Duk wanda ya shigo ƙyalle, Zenroku ƙafarsa yake duba. Wannan maƙaryaci ne, dubi yadda dunduniyarsa ta karkace. Wancan aro ya yi, sun yi masa yawa. Mutane suna ta zuga shi, wasu sun kwanta a tabarma suna riƙe ciki, shi kuwa ya manta da kwat, ya manta da tafin da aka yi, ya naɗe hannun riga yana faɗa da Turawa. Isokichi ya sauya naɗi, ba wanda ya lura.

Sai ga wata budurwa ta fito lambu, mace ta gaske ba namiji ba, saurayin ya matso kusa da ita. Duk gidan ido yana sama. Idon Zenroku yana ƙasa, inda budurwar ta yi ɗage a kan yatsu, takalminta mai tsinin dunduniya ya fito sosai.

"Tsaya, tsaya. Wannan kuma wane irin abu ne? A kan ƙusa take tafiya?"

Ya lalubo ƙararrawa, ya tuna abin da yake ji ta bango, ya kaɗa sau biyu. Isokichi ya rage sauri. Bai ishe shi ba, ya sake kaɗa biyu. Isokichi ya ƙara ragewa. Ya sake. Tsohon ya ɗaga kafaɗa, ya tsayar da hannunsa gaba ɗaya.

Dariya ta ɗauke kamar an yanke ta da wuƙa. A saman ƙyalle, girman ƙofar rumbu, saurayi da budurwa sun haɗa baki, sun kafe a haka. Mata suka rufe fuska da hannun riga suna leƙe ta gefe. Wani dattijo ya cire tabarau, ya goge, ya mayar.

"Ku duba da kyau," in ji Zenroku, ya tsuguna yana nuni da yatsa. "Kada ku ji kunya, ku matso. Irin wannan ba kullum ake gani ba. Ni shekara ashirin ina wannan harka, ban taɓa cin karo da irinsa ba. Da zan samu in riƙe a hannuna in gwada..."

Takobin ɗan sanda ya yi ƙara a jikin kujera.

"Benshi, me kake koya wa jama'a?"

"Ranka ya daɗe, kai ma matso ka gani. Matarka za ta so irinsa."

Ban san abin da ɗan sandan ya yi niyyar yi ba, don bai samu dama ba. Fim ba ya jure tsayuwa a gaban fitilar inji. Wani baƙin tabo ya fito a tsakiyar fuskokin, ya buɗe, ya cinye su, haske ja ya cika ƙyalle. Isokichi ya jefa jiƙaƙƙen buhu a kan injin, ya kife bokitin yashi, wutar ta mutu nan take, amma hayaƙi ya riga ya turnuƙe. Wani ya ce gobara, kowa ya yi ƙofa.

A ƙofa kuwa Tamezo ya yi aiki irin na sabon shiga. Lambobin ya raba su daidai, amma takalman ya cusa su duk inda hannu ya kai. Jama'a suka bangaje kantocin, takalma ɗari shida suka zube tsibi guda, aka tattake su aka wuce. A waje kuma ruwan sama ya sauko, titi ya zama kunu. Da hankali ya dawo aka ga ba wanda ya ji ciwo, sai ga mutum ɗari uku a rakuɓe ƙarƙashin rumfuna, da fararen safa na biki, ba mai iya taka ko'ina. Wasu suka koma tsibin suna tono, nan da nan faɗa ya kaure, mutum biyu suna jan takalmi ɗaya.

"Ku kauce," in ji wata murya.

Zenroku ne, fuska duk toka, kwat ta yage a kafaɗa. Ya durƙusa a gaban tsibin da ƙyar, bai nemi lambar kowa ba. Ya ɗauki ɗaya, ya juya shi, ya laluba ya zaro ɗan'uwansa.

"Sadakichi."

"Benshin Turawa," in ji Sadakichi, ya karɓa. "Matar tawa ma za ta so irinsa?"

"Matar mai gawayi, ga naki. Malamin makaranta, naka igiyar ta kusa tsinkewa, tun bazara nake faɗa maka. Iya Oshige."

"Kai dai ba ka da kirki," ta ce tana zura ƙafa. "A ce mace ta rasa gashinta, kai kana ta takalmi."

Haka ya yi ta yi, ruwa yana dukan bayansa, kowa ya karɓi nasa ya bar masa baƙar magana. Ko na mutanen ƙauye da sau ɗaya suke zuwa a shekara bai ɓata ba. Kafin ruwa ya tsagaita tsibin ya ƙare, ba a samu ƙafa ɗaya da ta tafi da na wani ba. Otane tana tsaye tana riƙe masa laima.

Ɗan sanda ya rufe gidan na kwana bakwai. Da ya tafi, Hikobe ya tsaya a kan Zenroku, ya dubi inda tsibin yake ɗazu, ya dubi Tamezo. Kowa ya ga abin da ke ransa, don ya san irin mai ƙofar da zai rasa.

"An tafa, Maigida," in ji Tamezo a hankali. "Mai gawayi ma yana nan."

"An tafa," in ji Hikobe. "Cire mini kwat."

Zenroku ya cire. Ya tattara 'yan katakan lamba daga cikin taɓo, ya wanke su ɗaya bayan ɗaya a ruwan indararo, ya zura a igiya ya miƙa wa Tamezo.

"Jiƙaƙƙu a kantar ƙasa, busassu a sama. Na tsofaffi kusa da ƙofa, kada su daɗe a tsaye. Iya Oshige igiyarta ta dama tana kwancewa, ka riƙa ɗaure mata, amma kada ka faɗa mata, tana da fushi."

"To, Yaya, na ji," in ji Tamezo, yana gwada zaman bencin.

Shi da Otane suka kama hanyar gida. Sai da suka hau gada Zenroku ya gyara murya.

"Amma dai kin ji yadda suka yi kuka a farko. Shofu bai taɓa sa Oshige ta jiƙa hankici da wuri haka ba."

"Na ji. Ka kwanta da wuri, waken ba ya jira."

Washegari da safe aka gan shi da sanda a kafaɗa, yana tafe a karkace, ruwan bokiti yana fallatsa masa a ƙafa. Mutumin da masunta suka jiyo daga tsakiyar kogi, yau tallan ma a maƙoshi yake yin sa, sai ka matso ka ji. Ya so ya kauce wa titin gidan majigi, amma garinmu ba shi da wata hanyar zuwa kasuwa. Gidan a rufe yake, duk da haka Tamezo yana kan benci tun da wuri, ya miƙe ƙafafu yana shan hantsi. Ya mayar da kantocin, ya sa ta ƙasa a sama, ta sama a ƙasa.

Zenroku ya tsaya. Abin ya soke shi fiye da duk zagin jiya. Ya buɗe baki zai yi gyara, sai ya tuna ba ƙofarsa ba ce.

"Mai awara," in ji Tamezo, ko tashi bai yi ba. "Ba ni guda biyu. Ka riƙa ɗaga murya kuma, mutanen lungu ba sa ji."

Zenroku ya sauke sandar a hankali, hannu ɗaya a ƙugu, ya tsamo guda biyu ya zuba masa a kwano.